Rumawa a Layin Famfo

Ƙarfe uku na dare a Garin Malam,
jarkata ce ta sha bakwai a layi.
Famfo bai ce uffan ba tun shekaranjiya.
Na hau dutse, na kunna fitilar waya,
na buɗe kayen tarihi a kan gwiwa.
Saura kwana tara jarrabawa,
Rumawa kuwa ko a jikinsu.

Mushe Kiyari ya ce tagwaye suka kafa garin,
nonon kyarkeci suka sha.
Ɗaya ya shata ganuwa,
ɗayan ya tsallake yana dariya,
sai jini.
Na waiga wajen Birni,
inda guntun tamu ganuwar ya durƙusa,
awaki na haye shi safe da yamma
ba wanda ya zare musu wuƙa.

Abin bautarsu ya fi kwalliyar amarya yawa:
na ƙyaure daban, na dokin ƙofa daban,
ga wani mai fuska biyu,
yana kallon mai shiga, yana harara mai fita.
Har cutar da ke cin alkama a gona
sai da suka yanka mata.

Iya Fanna na gefena da carbi da bokiti biyu.
«Ƙunƙunin me kake yi, jikan Gonimi?»
Na karanta mata kaɗan.
Ta ce, «A'uzu billahi!
Albashi ake ba mutum ya koya muku sunan gumaka?»
Ta ja carbi, ta ja, har na zaci ta manta da ni.
Can ta nuna duwatsu da haɓa:
«Kakata ta ga ana kai baƙin bunsuru gindin wancan
shekarar da sama ta ƙi.
Allah ya yafe wa na baya.
Ƙishirwa ba ta je makaranta ba.»

Na ba su labarin kaji.
Kafin yaƙi a watsa musu tsaba,
in sun ci a tafi, in sun ƙi a zauna.
Wani sarkin yaƙi nasa suka ƙi ci,
ya ce to su sha, ya antaya su a teku,
jiragensa suka bi sawun kajin.
Layi ya kwashe da dariya.
Ɗan Jimo mai garuwa ya tafa hannu:
«Ka ji masu ruwa, har da na jefa kaji!»

Shafi na gaba ban karanta wa kowa ba.
Gadoji ne na dutse, baka bisa baka,
ba don jaki ba, ba don mutum ba,
ruwa kaɗai ke bi ta kansu
daga tsaunuka har tsakiyar kasuwa,
yana zuba, ba makulli, ba layi.
Na daɗe ina kallon hoton
har batir ya yi ja.
Gumakan sun karye hanci, sun koma abin kallo.
Magina kuwa, ko sunansu babu a kayena.

Sai famfo ya yi tari.
Ya sake yi.
Masu gyangyaɗi suka miƙe kamar an ce ga kura,
jarkoki suka hau ƙarar juna,
ladan ya kama kiran farko daga Zango.
Wani ya bangaje ni, kaye ya faɗi a laka,
tawada ta narke,
Jufita da matarsa suka zama shuni ɗaya.

An ce Barume kan zubar da kurɓin farko a ƙasa,
rabon waɗanda yake tsoro.
Iya Fanna ta tara tafin hannu,
ta yi bisimilla, ta kai baki.
Na sa ido sosai.
Ko ɗigo bai taɓa ƙasa ba.