Ƙofar Sinja

Injin ban-ruwa na saya a kasuwar Sinnar,
ja, mai sheƙi, a shagon Babikir Hasaballa.
Ya dafa kafaɗata: "Shekara goma, Ɗanjuma,
sai dai ka gaji ka bar shi."
Kwana goma sha tara ya yi.
Ran na ashirin ya yi tari, ya yi shiru.
Albasata ta kwanta a gefen Mai Wurno,
ga Nilu na wucewa, taku arba'in daga kunyar farko.

Na kai kuka gaban kwamitin masu saye.
Mutum uku, fanka ɗaya,
da rasiɗina da gumi ya cinye rabin tawadarsa.
Usta Mirgani ya feɗe injin a gabansu,
ya ɗaga fistan sama: tsoho ne, fenti ya sha.
Suka ce a mayar mini da kuɗina.
Albasar fa?
Wai ban kawo shaidar awonta ba.
Wa ke auna abin da bai tono ba?

Na sayar da tumaki biyu, na hau mota zuwa Sinja.

Alƙalin babbar kotu, tabarau a goshi,
ya juya takardu, bai ko ambaci albasa ba.
"An hana ka magana a can?"
A'a.
"Sun shiga hurumin da ba nasu ba?"
A'a.
"Sun karanta doka a baibai?"
Ranka ya daɗe, ban sani ba.
"To, mu nan ba ma sake awo.
Sikeli muke dubawa, ko an ɗora masa dutse.
Wanda ya taɓa injin da hannunsa
ya fi mu sanin ciwonsa."

Na fito rana tsaka.
Na sayi ful a bakin tasha, ya ƙi wuce maƙogwaro.
Na ce giginya ce wannan kotu,
na nesa ka sha inuwarta.
Har gida ina maimaitawa,
har Asabe ta ce in bar wa bakina hutu.

Bayan wata biyu sai ga sammaci.
Babikir ne ya ɗaukaka ƙara,
da lauya daga Madani, mai jaka kamar ta ɗan kasuwa.
Niyyarsu a ja ni zama bayan zama,
har fam ya narke, har in ƙoshi da kuɗin mota.
Na zauna a benci na baya, takalmina a hannu.

Tabarau ya sauko kan hanci.
An hana ku magana?
Sun shiga hurumin wani?
Lauya ya yi sa'a guda yana zancen fistan.
Alƙali ya bar shi ya gama,
sannan ya rufe fayil da tafin hannu ɗaya.
Ƙofar da ta buge mini goshi
ita ta buge masa, a daidai wurin.

Yaron shago ya kawo kuɗin ran Laraba.
Ba su kai sayen inji ba yanzu, rabi suka kai.
Muka haɗa da Talle, maƙwabcin gonata,
shi safe, ni yamma.

Ban yafe albasar ba.
Amma na sayi littafi mai bango shuɗi,
Hansai na rubutawa bayan makaranta:
iri mudu kaza, kunya kaza, ranar kaza.
Jiya ta tambaye ni wa zai karanta.
Na ce, mutum uku da fanka.