Minti Goma Sha Biyu a Aboabo

Rana ba ta cikin ma'aikatan da muke biya,
shi ya sa sai ta ga dama take zuwa.
Tun la'asar na girke kyamara a bakin layin dogo,
ina jiran ta gangaro ta bayan rufin kwano
ta koma ruwan zuma.
Minti goma sha biyu take ba ni. Ba ta yin gyara.

Boatemaa, mai ba da umarni, na lissafin sidi a tafin hannu.
Kuɗin janareta sun tafi a wake da shinkafar mutum tara.
An ɗauke wuta tun jiya.
Batir ɗaya ya rage, shi ma da jan ido.

A shagon Baba Tahiru na fara, can Alabar,
hoton fasfo, huɗu a takarda.
"Baƙar fata ba duhu ba ce," in ji shi,
"kada ka dalle ta da fitila kamar an kama ɓarawo.
Bi ta gefe. Yi sallama."
Sai shekara shida ina bin makokin Asante duk Asabar,
ja da baƙi, ja da baƙi.
Can na koyi tsayuwa kusa da mai kuka
ba tare da na taka masa inuwa ba.

Yau ga Mma Zaliya, mai koko, ba ta taɓa wasa ba.
An ce ta dubi hanya kamar mai jiran ɗa.
Sau bakwai tana fashewa da dariya, mayafi a baki.
Fuseini ya ɗaga murfin tukunyarta,
ya tare rana da shi, ya zuba mata ƙarƙashin haɓa.

Sai can nesa wani yaron mota ya kwaɗa kira:
Bawku! Bawku! Saura mutum ɗaya!

Ban san wa ta bari a garin ba.
Na dai ga dariyar ta sauka daga fuskarta
kamar wanki daga igiya.
Na riƙe numfashi. Da yatsa biyu na murza gilashi,
kwata da awaki suka narke a bayanta,
ido kaɗai ya tsaya.
Boatemaa ta manta ta ce a yanke.
Batir ne ya yanke.

Har yau ban rarrabe ba:
ba ni ta yi, ko ɗauka na yi?

Ran da muka haska shi a bangon makaranta,
sunana ya wuce ana naɗe tabarmi.
Inna ta ce, "Awa biyu ina dubawa, Muntari,
ban gan ka ko sau ɗaya ba."
Na ce, "Inda kika zauna kina kallo, Inna,
nan nake tsaye."
Ta ce, "To. Sun dai biya ka?"