Ruwa Ya Ci Fayil

Ni ce Pabitra, 'yar Dambar magini,
wanda ya rasu ya bar mini injin kwaɓa siminti
da suna mai kyau a garin Besisahar.
Da su biyun na ci kwangilar gada.

Mita sittin da huɗu a kan kogin Marsiyandi.
Alfadarai suka hau da siminti, buhu bibbiyu,
igiyar ƙarfe kuwa maza talatin suka saɓa,
suna tafe kamar masu ɗauke da mesa.
Damina biyu muka ci a can.
Harka ya bar ɗan yatsansa ƙarƙashin dutse,
ya ɗaure da tsumma, ya dawo washegari.

Ranar buɗewa an zo da ganguna,
an rataya wa manya furanni har wuyansu ya ɓace.
Allon tagulla, sunaye bakwai.
Na duba, babu nawa. Ban damu ba,
ni takardar biya nake jira.

Shekara uku ke nan.

A ofishin gunduma an san ƙarar takalmina.
Mai shayi ya daina tambaya ko ya sa sukari.
Su ce Katmandu ba ta saki kuɗi ba,
Katmandu ta ce kasafi ya rufe.
Da ya buɗe, an sauya injiniya,
sabon ya ce bai gaji sa hannun kowa ba.
An ce bashi hanji ne, yana cikin kowa,
na gwamnati dai ya fi kogin nan tsawo.

Banki kuwa ba ya mantuwa.
Awarwaron aurena yana wurin jingina,
gonar shinkafar mahaifiyata tana aljihun teburin manaja.
Da bikin Dasain ya zo, kowa na yanka akuya,
leburorina suka zauna a ƙofar gidana,
ba zagi, ba ihu.
Shirun nan ne ya kora ni kotu.

Pokhara, ɗaki na uku, bencin baya.
Mu goma sha ɗaya, kowa da ƙunshinsa:
mai kwalbati, mai rufin asibiti,
da wani tsoho da ya shimfiɗa kwalta tun kansa na baƙi.
Da can sara wa juna farashi muke yi,
yau karo-karo muke mu biya lauya ɗaya.

Lauyan gwamnati ya miƙe, ya gyara baƙar riga,
ya ce ambaliyar bara ta shiga ofis,
ruwa ya ci fayil,
ba shaidar cewa an gama aikin.
Alƙaliya ta cire tabarau.
Ta ce, wa ya je ya duba?
Ya ce shi da kansa ya shiga ƙauyen.
Ta ce, ta ina ka ƙetare?

Ɗaki ya yi tsit.
Tsohon nan ya yi dariya har ya ƙware.

Hukunci ya fito: a biya cikin kwana casa'in.
Na kai shi baitulmali da hannu biyu kamar jinjiri.
Akawu ya buga hatimi, ya miƙo mini lamba,
ɗari biyu da shida.
Takarda ta haifi takarda.

Jiya na raka Harka tashar mota.
Katar za shi, da yatsunsa tara.
Ya ce in kuɗin ya fito a ba matarsa.
Bai tambaye ni yaushe ba.

Daga nan na haura gadar,
da sarƙa da ƙaton kwaɗo a jaka.
Zuciya ta ce: rufe ta, ai har yau taki ce.
Sai ga 'yan makaranta sun kwararo,
suna tsalle a tsakiya don ta yi lilo.
Wata 'yar mitsitsiya ta ja birki a gabana,
ta ce, Inna, tsoro kike ji?
Riƙe igiyar, ba ta faɗuwa.

Na ce na sani.

Kwaɗon yana nan a jakata.
Gobe Lahadi, ofis zai buɗe ƙarfe goma.
Saura kwana talatin da ɗaya.