Takardar Shaidar Rai

Duk shekara, in an gama yankan gero,
sai Faransa ta aiko da tambayarta:
Mutari yana nan da rai?

Sai in ɗauko keken babana,
in ɗora Kaka a baya, ƙafar hagu a miƙe,
wadda ta daina lanƙwasuwa tun a Tulon,
mu gangaro daga Birni
ta tsakanin duwatsun nan masu kama da giwaye a durƙushe,
har ofishin da ake buga hatimi.

Akawu ya dube shi sama da ƙasa.
Baba, ina shaida?
Kaka ya ce, ga ni.
Ya ce, a'a, ta takarda.

Ba shi ya kai kansa soja ba.
Kwamandan ne ya ce kowane gari samari uku.
Mai gari na da 'ya'ya bakwai,
ranar nan duk suka tashi da tari.
Kaka kuwa maraya, ga ƙirji kamar turmi.
Likita ya ƙwanƙwasa haƙarƙarinsa
kamar mai cinikin ƙwarya a Kasuwar Dole,
ya ce wannan ba ta tsage ba.

Aka ba shi jar hula, aka ba shi lamba,
aka ce daga yau kai ɗan Sanagal ne,
shi da iyakar tafiyarsa Matamaye.

A cikin jirgin ruwa, in ji shi,
akwai Bamoshe, akwai Babambare,
akwai wani dogo daga Cadi mai tsaga har kunne,
kowa na amai da harshen uwarsa.
Can gaba suka tarar da Larabawan dutse da alfadarai,
da wasu Turawa su ma baƙi,
masu farar hula, marasa ƙasa, masu sunan aro.
Ya ce, ashe gonar Nasara
da fartanyar maƙwabta ake nome ta.

Kyari ɗan Gure ya faɗi a gonar inabi.
Kwana uku babu rana, balle a gane gabas.
Wani Balarabe ya nuna da baki, can,
suka kwantar da shi yana fuskantar can.
Har ya tsufa Kaka yana tambayar malamai
ko kuskuren alƙibla na kan mai binnewa.

Da nasara ta fara ƙamshi,
aka ce sanyi zai kashe ku, ku tuɓe.
Rigarsa da bindigarsa da takalmansa
aka miƙa wa wani yaro fari sol.
Ya ce, ban ji haushin yaron ba,
takalman ma sun yi masa yawa.

Kuɗin mazan jiya, in sun zo,
buhun gero ne da goron Kaka Zuwaira,
sai alawata ta dala biyu, ladan tuƙi.
Ya ji labarin na sarsan ɗinsu a Marsai
ya ninka nasa har lissafi ya ɓace.
Ya yi dariya, ya ce harsashi dai
bai tambaye mu takarda ba.

Ya rasu da azumi, ran Talata.
Bayan damina huɗu wasiƙa ta zo, mai kan sarki uku:
an daidaita, an ƙara, an gode.
A ƙasa an ja layi,
a haɗo da shaidar rai.

Na ninke ta na sa a aljihu,
na tura keken har maƙabarta, don tayar baya ta sace.
Na karanta masa da Faransanci, na juya da Hausa.
Wani ƙadangare ya gyaɗa kai.

Hular kwanon tana nan a tsakar gida.
Kaji ke shan ruwa a ciki,
ta gefen da ba ta huje ba.