Rijiyar Launi

A shagon Tasi'u, titin Beirut,
kwamfuta ta kwana da ciwon ido.
Tumatirin Malam Ilu na 'Yankaba
ya fito shuɗi a hoton talla,
kamar an tsoma kwandon a baba.

Ba laifin tumatir ba ne.
Wani ɗan fayil ne can ƙurya,
rijiya ɗaya da kowace manhaja ke zura wa guga.
Shi ke raɗa wa kowane ɗigon haske:
ja tukuna, kore, sannan shuɗi.
Jiya aka sauya shi,
sabon ya fara ƙirga daga baya.

Tasi'u ya mayar da tsohon.
Tumatir ya nuna nan take.

Malam Ilu ya biya, ya nannaɗe takardarsa,
bai tambayi wanda ya haƙa rijiyar ba.
Tasi'u ma bai san sunansa ba.