Ƙafar Mutawakilu

Ƙafar da aka auna masa yana ɗan tara
ba ta ji labarin ya shiga sha biyu ba.
Ta dama tana ta tsawo abinta,
ta hagu, ta roba, tana nan inda likita ya bar ta.
In ya taso daga makaranta
tun daga kwanar Aboabo nake gane shi:
kafaɗa ɗaya sama, ɗaya ƙasa,
kamar sikelin mahaucin da ba ya tsoron Allah.

Kuɗinsa na nan.
Sidi dubu sittin da huɗu,
abin da inshorar mai toro-toron ta biya
bayan shekara biyu ana je-ki-ki-dawo.
Kotu ta ce yaro ne, a kulle masa
sai ya cika sha takwas.
Na ce to. Har godiya na yi,
don na san kawunnansa,
na ga yadda suka koyi gaishe ni da sassafe
a makon da labari ya fita.

Sai dai ba wanda ya ce wa sidi ya jira.
Yana can a kulle yana ramewa,
ni ina nan bakin titi da tukunyar shinkafa da wake,
ina rage wa mai saye cokali ina kawar da ido.
Ga mai gida, Wofa Adjei,
ya ce hayar shekara biyu a dunƙule,
ko in nemi wani ɗakin kafin ruwa ya sauka.
Ga ƙoshi, ga kwanan yunwa.

Ran Talata na rufe tukunya na tafi Adum.
Dattijo mai buga takardar rantsuwa
ya gyara tabarau, ya ce, Safura, ina shaida?
Na ce shaidar me?
Ya ce ta babu.
Ashe talauci ma sai da rasit.
Na zazzage masa jaka:
katin asibiti, takardar makaranta,
littafin adashin da na ci tun watan jiya.
Daren da ban ɗora komai a wuta ba
shi ne ba wanda ya ba ni rasit ɗinsa.

Sau uku ana ɗagawa.
A na huɗu mai shari'a ta ce yaron ya taka ta gani.
Ya tashi daga benci.
Ƙwas. Shiru. Ƙwas.
Har fanka sai da na ji kamar ta sassauta.
Bai dubi kowa ba, ya je ya dawo,
wuyansa a miƙe irin na ubansa, Allah ya jiƙansa.

Ta ce a fitar da na ƙafa,
a biya masu yin ta a Nsawam kai tsaye,
kada ya bi ta hannuna.
Na makaranta ma haka.
Haya kuwa, ta ce, nauyin uwa ne.

Ban san lokacin da bakina ya buɗe ba.
Na ce, ranki ya daɗe, ƙafar a ina za ta kwana?
Tafinta ya dube ni.
Na ce faɗa mata yadda na faɗa.
Ya faɗa.
Ta daɗe tana juya biro.
Wata shida, ta ce. Ban da ƙari.

A mota, wajen Kejetia,
ya karɓi takardar yana lissafi da yatsu.
Mma, kafin sha takwas
ƙafa nawa zan ƙara ci?
Na ce riƙe mana canjin nan, kada ya faɗi.

Da dare ya kwance tsohuwar,
ya jingina ta da bango kusa da bokiti,
da takalminta a jiki.
Ni kuma na jiƙa waken gobe.