Matakalar Bene na Uku

Shagon Baffa Hamajam, bayan kasuwar Garwa,
a nan muke zube sefa hamsin-hamsin,
ni da Njidda,
kuɗin da Inna ta ce a sayo mata kanwa.

Wasan guda ne: asibitin da kowa ya gudu ya bari,
mace ɗaya, tocila ɗaya, harsashi shida.
Ka ce mata juya,
sai ta juya kamar tirela ta ɗauko auduga.
Kafin ta gama kwana, abin ya kama wuyanta.
Ƙofa kuwa, in ka taɓa ta,
sai allo ya yi baƙi ƙirin,
ka ƙirga ashirin, kana jin fankar Baffa tana kuka,
kana jin zuciyar ɗan'uwanka ta cikin kafaɗarsa.

A matakalar bene na uku yake sandarewa.
Kullum a nan.
Mu hura faifai, mu goge da bakin riga,
Baffa ya mari injin, ya ce lokacinku ya cika.
Shekara biyu muna mutuwa a ƙasan matakalar nan,
ba dodo ya kashe mu ba, kuskuren wani ne a wata ƙasa.

Jiya da tsakar dare, lokacin da data ke araha,
na sauko da gyaran da suka yi masa.
Awa huɗu. Wuta ta ɗauke sau biyu.

To, ga ta nan, matar.
Sun kwance mata gwiwa, tana waiwaye kamar mutum.
Ido ya daina leƙenta daga saman kusurwa,
ya sauko yana bin ta a kafaɗa.
Hazon da na ɗauka sihiri ne,
ashe gazawar tsohon inji ce aka lulluɓe.
Yanzu ina ganin tsatsa a ƙafar gado,
da sunan majinyaci a jikin kwalba,
inuwa tana tafiya in tocila ta motsa.
Na sa abin ji a kunne,
aka ja ƙafa ta bayana, hagu,
har na duba ƙofar ɗakina ta gaske.

Ƙofofin ba sa jira kuma.
Ka taɓa, ka shiga.
Na gode musu, wallahi na gode,
amma ashirin ɗin nan da suka cire,
a cikinta muke yin addu'a.

Ƙarfe uku na iso matakalar.
Hannuna ya saki da kansa, ya saba.
Ita ko ta ɗaga ƙafa.
Ɗaya. Biyu. Katako yana ƙara.
Ba ta tsaya ba.

Na dakatar da wasan, na kira Njidda.
Yana Kusuri, cikin layin tankoki,
kwana uku yana jiran takardar tsallaka gada.
Na ce, ta hau.
Ya ce, wa?
Na ce, bene na uku.
Shiru, sai injin wani yana tari a gefensa.

Can ya ce, kar ka faɗa mini abin da ke sama.
Ranar Laraba ina hanya.
Ka bar ta a nan, ka ga batirin tocilar,
kar ka ƙona mana shi.